Gasar tanis ta Bournemouth da ta mutu: tambayoyi da amsoshi

Duk mai kallon tanis ya sha jin masu sharhi suna cewa wane ya kafa tarihin da ba a taɓa kafawa ba "tun daga 1968", kamar dai kafin shekarar babu wanda ya taɓa riƙe raket. To wannan lissafi ba a Wimbledon ya fara ba, ba kuma a Paris ba. A wani ƙaramin kulob ne a garin Bournemouth da ke bakin teku a kudancin Ingila, a wata gasa da yanzu babu ita kwata-kwata. Ga tambayoyin da aka fi yi a kanta.

Wace gasa ce wannan ɗin?

Sunanta British Hard Court Championships. Hukumar tanis ta Birtaniya, LTA, ita ce mai ita. An fara ta a 1924 a garin Torquay, ta yi shekara uku a can, sai a 1927 aka maida ta kulob ɗin West Hants a Bournemouth, kuma a nan ta zauna har tsufanta. Wajen ƙarshen Afrilu ake buga ta, wato kafin gasar Faransa da kuma Wimbledon, maza da mata duk a sati ɗaya. Randolph Lycett ne ya fara cin na maza, Elizabeth Ryan ta ci na mata. Daga 1940 zuwa 1945 ba a yi ba saboda yaƙin duniya na biyu.

A kan siminti ake buga ta kenan?

A'a, kuma nan ne sunan ke rikita mutane. A wajen Turawan Ingila na lokacin duk filin da ba na ciyawa ba to "mai tauri" ne. Filin Bournemouth jan gari ne, irin wanda ake yi da dakakken dutse da ƙonannen bulo, a baza, a daddaɓe da rola, a riƙa yayyafa masa ruwa. Dangin filin gasar Faransa ne, ƙwallo ba ta gudu sosai a kansa, ɗan wasa na iya yin sulu ya kamo ta, kuma farin kaya da fararen takalma sai sun koma ja kafin a tashi. Amfaninsa a ƙasar da ruwa ba ya sallama shi ne yana tsanewa da wuri, ciyawa kuwa in ta jiƙe sai dai a haƙura.

In dai gasar ƙasa ce, ya aka yi baƙi ke zuwa suna cinyewa?

Ai haka gasannin ƙasa na tanis suke tun asali, sunan na ƙasa ne amma ƙofar a buɗe take ga baƙo. Tun tana jaririya Faransawa suka fara ɗauke kofin, Jacques Brugnon a 1926, René Lacoste kuma ya biyo baya (eh, shi ne dai na rigar nan mai hoton kada). Abin da ke kawo su mai sauƙi ne, wanda zai buga Paris a watan Mayu yana neman inda zai saba da jan fili, wanda zai buga Wimbledon kuma yana son ya saba da sanyi da iskar Ingila, Bournemouth ta haɗa biyun.

Waye ya fi kowa tashe a cikinta?

A maza Fred Perry ne, sau biyar a jere daga 1932 zuwa 1936, babu wanda ya kamo shi. Perry ba ɗan masu kuɗi ba ne, daga Stockport yake, babansa ma'aikacin masaƙa ne da ya zama ɗan majalisa a jam'iyyar Labour, kuma manyan kulob ɗin tanis na lokacin ba su taɓa yi masa kallon nasu ba duk da Wimbledon uku da ya ci musu a jere daga 1934. Kafin ma ya yi suna a tanis sai da ya zama zakaran duniya a tanis na tebur a 1929. Ƙarshen 1936 ya koma buga wasan kuɗi, daga nan aka rufe masa ƙofar Bournemouth da ta Wimbledon baki ɗaya. Ku riƙe wannan, za mu dawo kansa.

Wanda aka fi mantawa da shi kuma Kho Sin-Kie ne, ya ci a 1938 da 1939. A tsibirin Java aka haife shi amma China yake wakilta, kuma a ce ɗan Asiya ya zo Ingila ya ɗauki kofin ƙasa sau biyu a jere a wancan zamanin ba ƙaramin abu ba ne. Yaƙi ya cinye masa shekarun ƙarfinsa, ya rasu a Landan a 1947 yana da ƙuruciyarsa.

Akwai ɗan Afirka da ya taɓa ci?

Akwai, amma da ɗan bayani. Eric Sturgess na Afirka ta Kudu ya ci a 1947 da 1948. Sai Jaroslav Drobný wanda ya ci sau huɗu, uku a jere daga 1950 zuwa 1952 sannan 1957, kuma tutar Masar yake ɗauke da ita. Asalinsa ɗan Czechoslovakia ne, ya gudu daga mulkin kwaminis a 1949, ya rasa ƙasar da za ta ba shi fasfo sai Masar ta ba shi, da sunanta ma ya ci Wimbledon a 1954. Bahago ne, da baƙin gilashi yake wasa saboda rauni da ya ji a ido, kuma yana da lambar azurfa ta Olamfik ta 1948 a wasan hoki na ƙanƙara. Mutum ɗaya fa.

Matan fa?

Doris Hart ta Amurka ta riƙe kofin shekara huɗu a jere daga 1951 zuwa 1954. Amma abin da ya fi burge ni shi ne matan Birtaniya na bayanta. Angela Mortimer, Shirley Bloomer da Ann Jones duk sun ci Bournemouth kuma duk sun je sun ci gasar Faransa, Mortimer a 1955, Bloomer a 1957, Jones a 1961 da 1966. Yau in aka ce ɗan Birtaniya da jan fili sai mutane su yi dariya, amma lokacin da suke da babbar gasa a gida a kan irin wannan fili ba abin dariya ba ne. Tun da Sue Barker ta ci a 1976 babu ɗan Birtaniya, mace ko namiji, da ya sake ɗaukar kofin ɗaiɗai a Paris.

To me ya faru a 1968 da ake ta zancensa?

Sai an koma baya kaɗan. Shekara da shekaru tanis ya rabu gida biyu. Akwai 'yan sha'awa, waɗanda doka ta ce ba sa karɓar ko kwabo, su ne kaɗai ke da izinin buga Wimbledon da gasar Faransa da ta Amurka da ta Ostareliya da kofin Davis. Akwai kuma 'yan kwangila, waɗanda suka sa hannu da wani mai shirya wasa suna yawo gari-gari, yau a ɗakin wasan dambe gobe a filin hoki an shimfiɗa tamfol, ana biyansu a fili. Da ka sa hannu shi kenan, ka fita daga manyan gasanni.

Matsalar ita ce duk wanda ya yi fice sai ya tafi, don ba kofi zai ci ya ƙoshi ba. Suzanne Lenglen ta tafi a 1926, Bill Tilden ya bi, Perry ya bi, Don Budge, Jack Kramer, Pancho Gonzales a 1949, Ken Rosewall da Lew Hoad a 1957, Rod Laver kuma bayan ya cinye manyan gasanni huɗun gaba ɗaya a 1962. Sai ya zama ana naɗa mutum zakaran Wimbledon alhali kowa ya san akwai mutum huɗu ko biyar a waje da za su lallasa shi da safe kafin karin kumallo. Waɗanda suka zauna a matsayin 'yan sha'awa kuma ba wai ba sa karɓar kuɗi ba ne, suna karɓa ta bayan fage da sunan kuɗin mota da masauki, ambulan a hannu, kowa ya sani kowa ya yi shiru. Shugaban kulob ɗin Wimbledon na lokacin, Herman David, ya fito fili ya ce wannan tsari ƙarya ce ake zaune a kanta.

An so a gyara tun 1960, aka kaɗa ƙuri'a a hukumar tanis ta duniya, ƙuri'a biyar kacal suka hana. A watan Agustan 1967 Wimbledon ta gayyato 'yan kwangila takwas suka yi ƙaramar gasa a babban filinta, BBC ta nuna da kala, jama'a suka cika wurin, Laver ya doke Rosewall a fainal. Wannan ya gama zance. Disamban 1967 LTA ta yanke cewa ita daga yanzu ba ta san wani ɗan sha'awa ko ɗan kwangila ba, ɗan wasa ɗan wasa ne, ko da za a kore ta daga hukumar duniya. Da hukumar ta ga Wimbledon za ta tafi ba tare da ita ba, sai ta zauna a Paris ranar 30 ga Maris 1968 ta amince a yi gasanni 12 na kowa-da-kowa a shekarar.

Me ya sa Bournemouth ce ta farko, ba wata babbar gasa ba?

Kalanda ce kawai. An amince ƙarshen Maris, gasar Birtaniya ta farko mai girma da ke tafe ita ce wannan, ranar 22 ga Afrilu. Tunda kuma Birtaniya ce ta ja rigimar ai ya dace a fara a gidanta.

Ya satin ya kasance?

Sanyi da yayyafi, kamar yadda aka saba. Wasan farko tsakanin John Clifton ɗan Scotland ne da Owen Davidson ɗan Ostareliya. Clifton ya ci makin farko na sabon zamani, Davidson ya ci wasan, 6-2, 6-3, 4-6, 8-6. Wannan 8-6 ɗin ba kuskure ba ne, lokacin ba a kawo tsarin raba gardama a 6-6 ba, sai dai a yi ta bugawa har wani ya ba da tazarar biyu. Raket yawanci na katako ne, ƙwallo fara.

'Yan kwangilar da suka zo na tawagar George MacCall ne, Laver, Rosewall, Gonzales, Roy Emerson, Andrés Gimeno da Fred Stolle. Su ne fa ke cikin tashin hankali ba 'yan sha'awa ba, don shekaru ana cewa sun fi kowa, yanzu ga fili ga mai doki, in suka faɗi kasuwarsu ce ta faɗi. Kuma sun daɗe suna buga gajerun wasanni a ɗakin rufi a kan fili mai gudu, ga shi an kawo su waje, jan fili mai nauyi da danshi, wasa har seti biyar.

Sai ga Mark Cox. Ɗan Ingila, bahago, shekara 24, ya yi karatu a Cambridge, ba ma shi ne na ɗaya a ƙasarsa ba. Aka haɗa shi da Gonzales wanda saura kwanaki ya cika 40 amma har lokacin sabis ɗinsa abin tsoro ne. Seti na farko Gonzales ya ba shi 6-0, kowa ya ce to an gama. Cox ya dawo ya ci na biyu, ya faɗi na uku, sannan ƙafafun dattijo suka fara nauyi, Cox ya cinye biyun ƙarshe 6-3, 6-3 bayan awa biyu da kwata. Shi ne ɗan sha'awa na farko da ya doke ɗan kwangila a gasa ta hukuma. Bai tsaya nan ba, ya haɗu da Emerson mai manyan kofuna 12 ya fitar da shi ba tare da ya ba shi ko seti ɗaya ba, jaridun Ingila suka rikice. A wasan kusa da na ƙarshe ya haɗu da Laver, a nan mafarkin ya tsaya, seti uku a jere Laver ya sallame shi.

Fainal ta zama irin wadda 'yan kwangila suka saba bugawa tsakaninsu a ɗakunan da babu kyamara, Rosewall da Laver. Laver ya ci seti na farko, Rosewall ya murje shi a sauran, 3-6, 6-2, 6-0, 6-3. Rosewall na da shekara 33, ɗan ƙaramin jiki ne har abokansa ke masa ba'a da suna mai ƙwanji, kuma ya yi shekara 11 a waje ba ya buga manyan gasanni. Bayan sati kaɗan suka sake haɗuwa a fainal ɗin gasar Faransa, ya sake doke Laver.

Nawa aka ba su?

Rosewall fam 1,000, Laver fam 500. Na mata kuwa fam 300 aka sa wa wadda ta zo ta ɗaya, ba ta kai ko kashi ɗaya cikin uku na namiji ba, tun ranar farko kenan aka fara da wannan bambanci. Virginia Wade ce ta ci, ta doke Winnie Shaw 'yar Scotland 6-4, 6-1, kuma a Bournemouth ɗin ma aka haife ta duk da a Afirka ta Kudu ta girma. Ba ta karɓi kuɗin ba. Lokacin ba wanda ya tabbatar ko sabon tsarin zai ɗore, in ka karɓa yau gobe aka juya sai a ce ka zama ɗan kwangila a hana ka wasa a wasu ƙasashe, don haka da yawa suka gwammace su zauna a matsayinsu na da. Irin wannan ruɗani ne ya sa Arthur Ashe ya ci gasar Amurka a shekarar amma dala 14,000 ɗin ta tafi hannun Tom Okker da ya zo na biyu. A Wimbledon ta 1968 Laver ya samu fam 2,000, Billie Jean King fam 750, kuma wannan tazarar na cikin abin da ya tunzura matan suka kafa tasu tawagar a 1970.

Bayan wannan sai gasar ta ƙara girma ko?

Na ɗan lokaci. John Newcombe ya ci a 1969, Cox da kansa ya samu nasa a 1970, Margaret Court da Evonne Goolagong sun ci na mata, Adriano Panatta a 1973, Ilie Năstase a 1974, Manuel Orantes a 1975. Sunaye ne masu nauyi. Amma daga ƙarshen shekarun 1970 aka fara tsallake wasu shekaru ba a yi ba, manyan 'yan wasa suka daina zuwa, ɓangaren mata ya dusashe. José Higueras na Sifaniya ya ci a 1983, daga nan ta fita daga jerin manyan gasanni.

Me ya kashe ta?

A ganina ƙofar da ta buɗe ce. Kafin 1968 ɗan wasa na zuwa Bournemouth ne saboda sunan kofin da kuma shirin Paris, kuɗi ba ya cikin lissafi a fili. Da kuɗi ya shigo sai tambayar ta koma wa zai biya fiye da wani, kuma kulob mai 'yan kujeru a unguwar gidajen mutane ba shi da ƙarfin da zai ja da masu shirya gasa a Amurka ko manyan biranen Turai. Kalanda ta cika, kowane sati akwai inda ake biya. Ɗan wasan da ke son shirya wa Paris yana da Monte Carlo da Rome da Hamburg, wuraren da filinsu ya fi kama da na Paris, biyu daga ciki ma ga rana, me zai kai shi bakin tekun Ingila a Afrilu ya zauna a ɗakin canza kaya yana jiran ruwa ya ɗauke?

Sai kuma gida. Zuciyar masu kallo da talabijin da kamfanonin siponsa a Birtaniya duk tana kan ciyawa ne, 'yan satuttukan nan na Yuni da Yuli. Gasar jan fili a Afrilu ta zama kamar ɗan kishiya, ana ba ta abin da ya rage. In babu manyan suna babu talabijin, in babu talabijin siponsa ya janye, in ya janye kuɗin kyauta ya ragu, sai manyan su ƙara nisa.

An taɓa ƙoƙarin tashinta?

An yi. A 1995 aka yi gasar mata a Bournemouth, daga baya aka kai ta Cardiff. Ta maza kuma ta dawo West Hants daga 1996 zuwa 1999 a jadawalin ATP, ƙungiyar da ke shirya gasannin ƙwararrun maza, amma a watan Satumba bayan gasar Amurka, a kan koren fili irin na Amurka maimakon ja. Lokacin bai yi ba sam, manya sun gaji ko sun koma shirin wasannin cikin ɗaki. Ƙwararrun jan fili ne suka riƙa zuwa, Albert Costa ya ci a 1996, Félix Mantilla a 1997 da 1998, Adrian Voinea na Romania ya ci ta ƙarshe a 1999. A 2000 aka ɗauke gurbin aka kai Brighton, cikin ɗaki a kan fili mai tauri na gaske, Tim Henman ya ci, ita ma ba ta sake ba.

Ana lissafa kofunanta a tarihin 'yan wasa?

Na 1968 zuwa sama suna cikin lissafin sabon zamani, shi ya sa in ka duba jerin kofunan Rosewall ko Năstase ko Orantes za ka ga Bournemouth. Na kafin nan kuwa, irin biyar ɗin Perry da huɗun Drobný, masana tarihi ne ke riƙe da su, ba sa shiga teburin da ake nunawa a talabijin. Wannan ne ma ya sa kwatanta 'yan da da 'yan yanzu ta yawan kofi ke da matsala, Gonzales misali ya fi shekara 18 a waje, Laver shekara biyar cif yana kan ganiyarsa, amma da ya dawo ya sake cinye huɗun gaba ɗaya a 1969.

Kulob ɗin yana nan har yanzu?

Yana nan, mambobi na buga wasansu, ana koyar da yara. In sunan West Hants ya ɗaure maka kai ganin Bournemouth a yankin Dorset take, to da a Hampshire take, gyaran iyaka na 1974 ne ya maida ta Dorset, kulob ɗin kuma bai canza suna ba.

Birtaniya na da wata babbar gasar jan fili yanzu?

Babu. Manyan gasanninta na yanzu duk na ciyawa ne, Queen's da Eastbourne da Nottingham da Wimbledon. Ɗan Birtaniya da ke son iya jan fili sai ya fita waje, Andy Murray ma Barcelona ya tafi yana da shekara 15, kuma bai ci kofinsa na farko a irin filin ba sai 2015 a Munich, sati ɗaya bayan nan ya doke Rafael Nadal a fainal ɗin Madrid.